Sayen majigi mai sauƙin kuɗi: a yi lissafin wuta kafin a kalli kwali

Wannan shi ne taƙaitaccen bayanin da aka yi a filinmu na ciniki da sana'a, mun rubuta shi domin waɗanda suke daji da dabbobi ko suke kan hanyar kasuwa lokacin da aka watsa shi.

Muna gaida makiyaya a rugage da mashekari, muna gaida fatake da masu tebur, tun daga Ƙonni da Illela, Ɗan Isa da Jibiya, har Magarya da Maigatari.

Saƙonni biyu ne suka jawo zancenmu na yau. Wani makiyayi ya aiko mana cewa yaransa sun matsa masa ya sayo majigi, yana tunanin sakin tunkiya ɗaya saboda haka, amma yana tsoron kada kuɗin ya tafi a banza. Wani ɗan kasuwa kuma ya ce masu saye sun fara tambayarsa majigi a shago, yana so ya san irin wadda zai saro. To, amsar duka biyun ɗaya ce. Majigin da ta dace da kai ita ce wadda wutarka za ta iya ɗauka, wadda haskenta na gaskiya zai ishi wurin da za ka yi kallo, kuma wadda za ta jure ƙurarmu. Manyan lambobin da aka zana a jikin kwali su ne abu na ƙarshe da za a kula.

Dattawanmu sun san majigi tun zamanin Turawa, lokacin da mota kan zo gari a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada, a nuna fim ɗin tsafta ko na noma, irin su Baban Larai da aka yi kan noman auduga. A wancan lokaci sai hukuma ke da ita. Yau ga ta nan a teburin mai sayar da caja, wata ma ba ta fi ƙoƙon fura girma ba. Saukin samun nan shi ya kawo yawan jabu da yawan ƙarya.

Da farko: majigi kake bukata ko talabijin?

Wannan tambaya ita ce ta farko, kuma masu sayarwa ba za su yi maka ita ba. Majigi haske take jefawa a bango. Ba ta iya jefa baƙi. Duk inda ka ga baƙi a hoton, duhun wurin ne kake gani. Shi ya sa in akwai hasken rana, hoton sai ya koɗe kamar tsohon zane.

Sai ka zauna ka tambayi kanka, yaushe muke kallo? In fim ɗin Hausa ne ko wa'azi ko tafsiri bayan sallar isha'i, majigi ta yi. Wasannin gasar zakarun Turai ma da dare ake buga su, sun dace da ita. Amma kokawar gargajiya ta takobin ƙasa da rana ake yin ta, haka yawancin wasannin Ingila na ranar Asabar da Lahadi suna faɗowa ne tun rana ba ta faɗi ba. Wanda wannan ne abin kallonsa, kuma ba shi da ɗakin da zai iya toshe tagoginsa ya yi duhu, gaskiya ya sayi tele ya huta. Talabijin mai inci 32 ba ta cin wuta sosai, akwai ma masu aiki kai tsaye da batir mai bolt 12, kuma ana ganinta ko da tsakar rana.

Inda majigi ta fi ta wuri biyu ne. Na ɗaya girman hoto: mutum talatin za su zauna a tsakar gida kowa ya gani. Na biyu ɗauka: mai tashi da dabbobi daga wannan mashaya zuwa waccan ya san abin da bayan jaki ko babur zai yi wa gilashin talabijin. Majigi kuwa a jaka za ka sa ta.

Lissafin wuta

Nan ne akasarin mutane ke faɗawa. A bayan kowace majigi ko a ƙarƙashinta akwai 'yar takarda da aka rubuta yawan wutar da take ci, lamba ce da harafin W a gabanta, wato wat. Wannan lamba ka fara nema.

Majigi iri biyu ce a kasuwanninmu. Akwai sababbi ƙanana masu fitilar LED, yawancinsu suna cin wat 30 zuwa 100. Akwai kuma manyan nan na ofis da makaranta, irin su Epson da BenQ, da ake kawowa na hannu, masu ƙwan fitila mai zafi. Su kuma suna cin wajen wat 250 zuwa 300, wasu ma fiye.

Bari mu buga lissafin tare. Batir mai bolt 12 da aka rubuta masa 100Ah, in ka ninka 12 sau 100 ka samu 1,200. Amma batir mai ruwa ko irin na sola da aka saba, ba a shanye shi duka, rabi ake ɗiba in ana so ya daɗe. Saura 600. Inbata, wato na'urar da ke juya wutar batir ta koma irin ta gida, ita ma tana cin nata kason. A ce saura 500. Wannan shi ne abin da kake da shi a hannu.

To, majigi mai wat 60, ka haɗa da dikoda da lasifika, a ce sun kai wat 90. Ka raba 500 da 90, ka samu awa biyar da rabi. Yanzu ka ɗora mai wat 300 a kan batir ɗin nan, da dikoda da lasifika, wat 330 ke nan. Awa ɗaya da rabi. Wasan ƙwallo ɗaya da hutun rabin lokaci ya kusa awa biyu. Kun ga ke nan ana tsakiyar zagaye na biyu wuta za ta ɗauke, yara su tashi da haushi.

Sai batun mayar da abin da aka ci. Faifan sola mai wat 100, a ranar da gari ya yi garau kuma an goge masa ƙura, yakan tara wajen 400 a irin wannan ma'auni. Kallon awa uku da ƙaramar majigi yana cin kusan 300. Ya isa, in dai ba a jera wayoyi ashirin ana caji a kansa ba. Lokacin hazo ko damina abin da yake tarawa yana raguwa, sai a rage kallo.

Wasu kan ce za su jona da batirin babur. Kada a fara. Batirin babur bai wuce 5Ah zuwa 7Ah ba, ko rabin fim ba zai kai ba, da safe kuma sai turi.

Mai janareta, ko gurup kamar yadda ake cewa a Nijar, shi ma da nasa. Ƙaramin janareta yana ɗaukar ko wace iri ce a cikinsu, amma wutarsa tana hawa tana sauka, musamman lokacin da mai ya kusa ƙarewa. A sa sitabilaiza a tsakani. Kuma majigi mai ƙwai tana da wani hali: bayan an kashe ta, fankarta kan ci gaba da juyawa na ɗan lokaci don ƙwan ya huce. In wuta tana yawan ɗaukewa farat ɗaya, ƙwan ba ya kai kwanakinsa. Mai LED ba ta da wannan matsala sosai.

Abu na ƙarshe a nan: Nijar da Najeriya ƙarfin wutarsu ɗaya ne, bolt 220 zuwa 230, amma bakin soket ya bambanta. Najeriya mai ƙafa uku masu kusurwa, Nijar mai ƙafa biyu zagayayyu. Wannan ƙaramin abu ne, adafta tana magance shi. Abin tsoro shi ne kayan hannu da aka yi domin Amurka ko Japan, inda wutarsu take bolt 100 zuwa 120. A duba takardar nan, in an ga 100–240V, lafiya lau. In 110V kaɗai aka rubuta, a ajiye ta.

Ƙaryar da ke jikin kwali

Ni mai magana da ku na taɓa ƙonewa. Na sayi wata a wani shago da ba zan ambata ba, an rubuta mata haske 9,000 da manyan haruffa. Da na kai gida na kunna, sai da muka kashe ko aci-balbal kafin a gane fuskar mutum. Da na koma, sai mai shagon ya ce shi ma haka ya gani a kwali. Kuma gaskiyarsa.

Ga yadda abin yake. Ana auna hasken majigi da wani ma'auni da ake kira lumen. Ma'aunin da duniya ta yarda da shi shi ne wanda aka rubuta ANSI a gefensa, ko ISO, domin shi ne hasken da ya isa bango. Masu ƙananan nan da yawa sukan rubuta hasken fitilar da ke can ciki kafin ya ratsa gilasai ya raunana, wasu kuma lambar da suka ga dama kawai suke bugawa. Abin ya yi yawan da har kamfanin Epson ya sha kai wasu masu sayarwa ƙara a kotunan Amurka kan wannan ƙarya. Wadda aka rubuta wa 8,000 ko 9,000, sau da yawa haskenta na gaskiya bai wuce 100 zuwa 300 ba.

Akwai hanya mai sauƙi ta kama su, ko ba ka iya karatun boko sosai ba. Majigin ofis mai haske 3,000 na gaskiya tana cin wajen wat 300. To ta yaya akwatin da ke cin wat 50 zai ba da ninki uku na wannan? Saniyar da ba ta ci ba ba ta cika ƙwarya. In ka ga lambar haske ta yi sama, lambar wat tana ƙasa, ka san zance ne.

Nawa ke isa? A ɗaki mai duhu, hoto madaidaici, ANSI 150 zuwa 200 ana kallo da ita. Tsakar gida da dare, hoto babba, a nemi 300 zuwa 500, domin ko farin wata yana rage wa mai rauni armashi. Ɗaki mai taga da rana kuwa sai 2,500 zuwa sama, wato manyan nan masu cin wuta. A fili ƙarƙashin rana babu wadda za ta yi, ko nawa ka saya.

Ƙarya ta biyu ita ce ta kyan hoto. Za ka ga an rubuta 1080P ko 4K ɓaro-ɓaro, a gefe kuma da ƙananan haruffa an sa “support”. Ma'anarsa tana karɓar fim mai wannan kyau, amma sai ta rage shi zuwa iyakar ƙarfinta kafin ta nuna. Kalmar da za a nema ita ce “native”, haka take a kwalin Ingilishi da na Faransanci. Ita ce ke faɗin ainihin yawan ɗigon da ke cikin hoton. In ka ga 800×480 ko ƙasa da haka, rubutun ƙasan fim da lambar ci a wasan ƙwallo za su zama dishi-dishi. 1280×720 ya wadatar da gida. 1920×1080 ya fi, in aljihu ya kai. Amma in za ka zaɓa tsakanin mai 720 mai haske da mai 1080 mai duhu, ɗauki mai haske.

Girman hoto da inda za a jefa shi

Kwali zai ce tana kai inci 200. E, tana kaiwa, in ka ja ta baya sosai. Sai dai hasken ɗaya ne ake rabawa. In ka ninka nisanta da bango sau biyu, faɗin hoto ya ninka biyu, tsayinsa ya ninka biyu, haske kuma ya koma kashi ɗaya cikin huɗu. Kamar nono ne, in ka ƙara masa ruwa ya cika ƙwarya amma ya salance.

Hoto mai inci 60 faɗinsa mita ɗaya da santimita 33 ne. Mai inci 80, mita ɗaya da santimita 77. Mai inci 100, mita biyu da santimita 21, kuma yawancin ƙananan nan suna bukatar nisan kamar mita uku kafin su ba da shi. Ga mai sauƙin kuɗi, tsakanin inci 60 da 80 nan ne daɗinta yake. A auna ɗaki ko rumfa kafin a tafi kasuwa.

Ba sai an sayi allo na musamman ba. Bango mai santsi da aka shafa wa farar ƙasa ko farin fenti ya isa. A ruga, farin yadi marar ƙyalli, a ɗaure kusurwa huɗu a ja shi ya miƙe, a sa baƙin zane ko bargo a bayansa don kada haske ya zube ta baya. Shadda mai sheƙi ba ta yi, tana mayar da haske wuri ɗaya ya kashe ido. Majigin kuma a ɗora ta daidai tsakiyar yadin, a kan abu mai ƙarfi. In aka karkata ta, gefe ɗaya ya fito, ɗayan ya dushe.

Ƙura da zafi

Za a ce maka fitilar LED tana yin awa 20,000 ko 30,000. In kana kallon awa uku kullum, awa 20,000 ya haura shekara 18. To, ba fitilar ce ke fara mutuwa ba a ƙasarmu. Majigi tana da fanka da ke jawo iska don ta huce, kuma duk abin da ke cikin iskar shi take haɗiya. A hunturu, ko kusa da garke inda ƙafar shanu ke ta da ƙura, wannan ƙura tana shiga ta zauna a kan gilashin ciki, sai ka fara ganin baƙaƙen ɗigo a hoto. In ta toshe hanyar iska, zafi ya taru, sai wani tabo ruwan ɗorawa ko ruwan ƙasa ya fito, yana faɗi a hankali. Wannan ƙuna ce, goga ba ya fitar da ita.

Don haka a tambaya: gilasanta a rufe suke ruf, ko a buɗe? Masu rufaffen ciki sun fi dacewa da mu, haka irin da ake kira DLP galibi a rufe suke. In a buɗe take, a duba ko tana da 'yar ragar tace ƙura da ake zarewa a kakkaɓe. Kada a ajiye ta a ƙasa ko kan katifa ko tabarma mai laushi, a bar mata tazarar taƙi ɗaya ko biyu ta kowane gefe. Yawancinsu an yi su ne don zafin da bai wuce digiri 35 zuwa 40 ba, mu kuwa a watan Afrilu da Mayu muna haura haka. A bazara a jira dare ya yi sanyi. In an gama, a bari ta huce, a rufe idonta, a nannaɗe ta a zane a sa a jaka. Idon kuma ba a goge shi da bakin riga, ƙurarmu yashi ce, tana karce gilashi.

Ga masu sha'awar na hannu: ƙwan fitilarsu yakan yi awa 3,000 zuwa 6,000, kuma haskensa yana raguwa tun kafin ya mutu. A cikin saitinta akwai wurin da ke nuna awannin da ƙwan ya yi, a sa mai shago ya buɗe. Amma a sani ana iya mayar da lissafin nan sifili, don haka ido shi ne alƙali. A kuma tambayi kuɗin sabon ƙwai da inda ake samunsa kafin a biya, domin wani lokaci ya kusa kuɗin majigin kanta.

Da me za ka jona ta?

A duba ramukan da ke bayanta. HDMI shi ne na dikodar zamani, ko ta Canal+ ce, ko StarTimes, ko GOtv, ko ta tashoshin kyauta. Tsohuwar dikoda ko na'urar faifai tana bukatar wayar nan mai kai uku, ja da fari da rawaya. Ramin USB shi ne na filash, wanda mutanen Nijar ke ce wa kile, kuma ga wanda yake daji inda babu sabis, wannan ya fi kome amfani: a tura finafinai a kasuwa a zo a kalla. Sai ramin fitar da sauti ko Bluetooth, domin lasifikar cikin majigi ba ta fi ƙarfin ƙarar fankarta da kaɗan ba.

A yi hattara da abu biyu. Yawancin wayoyi masu sauƙin kuɗi ba sa fitar da hoto ta wayar caji, sai dai ta iska, kuma ba kowace majigi ke karɓa ba. Sannan akwai majigin da za ta nuna fim daga filash amma babu murya, saboda ba ta gane irin sautin da aka naɗa ba. Duka biyun ba a gane su sai an gwada.

Gwaji kafin biya

Ba wanda ke sayen sa bai buɗe bakinsa ya ga haƙora ba. Majigi ma haka. Ka tafi da filash ɗinka da wayarka, ka ce, “Alhaji, a kunna mini ita a cikin shago, a sauke labule.” Ga abin da za ka duba:

Ka sa farin hoto, ka nemi ɗigo ko tabo. Ka sa rubutu, ka juya idon har tsakiya ta fito, sannan ka kalli kusurwa huɗu, in sun dushe sosai ka bar ta. Ka kunna finafinai biyu ko uku daga filash ɗinka ka ji murya. Ka gwada kowane rami da rimot. Ka bar ta tana aiki kamar minti ashirin zuwa talatin, kana ciniki, ka ji ko fankar ta canja kuka ko ta kashe kanta. Mai shagon da ya ƙi a buɗe kwali, ka yi masa sallama. Cinikin biri a sama ke nan.

Kuma a karɓi rasit mai ɗauke da lambar jikin na'urar, a yi magana a fili kan kwana nawa za a iya mayarwa. Mu mazauna bakin iyaka mun san abin da ya faru: Najeriya ta rufe iyakokinta daga Agusta 2019 har Disamba 2020, aka sake rufe ta Nijar da Najeriya a 2023. Garantin da yake Kano kai kana Maraɗi, ko yake Maraɗi kai kana Katsina, ranar da hanya ta toshe takarda ce kawai. In bambancin kuɗin bai taka kara ya karya ba, ka saya a inda ƙafarka ke kaiwa kowace ranar kasuwa, kuma inda akwai mai gyara.

Ga ɗan'uwanmu ɗan kasuwa: kada ka saro kwali goma sai ka sayi ɗaya ka kwana uku kana kallo da ita. Ka faɗa wa mai saye gaskiya cewa ta dare ce. Ka tambaye shi wutar da yake da ita kafin ka miƙa masa. Wanda ka sayar wa abin da batirinsa ba zai ɗauka ba, mako mai zuwa zai dawo, kuma duk rugarsu za ta ji sunan shagonka.

Ga makiyayinmu kuma: kafin ka saki tunkiyar nan, ka haɗa kuɗin duka, majigi da lasifika da inbata da waya, da batir da faifan sola in ba ka da su. Sau da yawa majigin ce mafi araha a cikinsu. In lissafin bai fita ba, a haƙura zuwa kaka, ko a haɗa hannu gida biyu ko uku. A kuma tuna haske da sauti suna tafiya nesa da dare. Inda ake zaman ɗar-ɗar, a shawarci ardo da manyan ruga kafin a kafa ƙyalle a fili, kuma kada kallo ya ɗauke hankalin mai gadin garke.

Hausawa suka ce sayen nagari mayar da kuɗi gida. Masu tambaya su ci gaba da aiko mana kamar yadda aka saba. A shiri na gaba za mu duba yadda ake gane batirin sola mai kyau da wanda aka yi wa sabon fenti. Allah ya ba da sa'ar kasuwa, ya tsare dukiya, ya kai mu lafiya.